Hansai a Birnin Amsa-Kuwwa

A ƙarƙashin garinmu, Kwarin Maje, akwai wani birni da ba na mutane ba. Mun yi shekara da shekaru muna noma a kansa, muna aure, muna binne matattunmu, ba wanda ya sani. Sai ranar da Yahuza mai haƙar rijiya ya kai gaba goma sha huɗu a rijiyar da yake haƙa wa gari, ya ɗaga dagi ya soka, dagi ya zurma, ƙasa ta buɗe ta haɗiye shi. Masu jan kwandon ƙasa a sama ba su ji ihu ba, ba su ji faɗuwa ba. Abin da ya taso musu daga ramin wata hayaniya ce, kamar kasuwa ta ci ta cika.

Aka ɗaura wa wani igiya aka zura shi. Ya fito ya ce ubansa da ya rasu shekara ashirin yana can ƙasa yana tari. Na biyu, wani mai cika baki, ya ɗan daɗe, da aka jawo shi bai san ƙofar gidansa ba, sai da aka kama hannunsa aka kai shi. Daga nan duk wanda aka kalla sai ya ce ciwon baya ke damunsa. Ka ji maza!

Yahuza ɗan fari ne ga wata tsohuwa, Hansai. To, ka san yadda iyayenmu suke da kunyar ɗan fari. Tun ranar da aka raɗa masa suna ba ta taɓa kama sunan nan da bakinta ba, shekara arba'in da ɗaya. Ana yaye shi kakarsa ta ɗauke shi. In za ta yi zancensa sai ta ce "wancan" ko "yaron nan". In ya shigo gaishe ta, sai ta amsa tana kallon murhu. Ana kuwa yaba mata, a ce duk garin ba mai alkunyar Hansai. Da labari ya iske ta tana shara, ba ta yar da tsintsiya ba, sai da ta ƙarasa. Kwana biyu ba ta leƙa bakin rijiyar ba, amma ko loma ɗaya ba ta shiga cikinta ba.

A rana ta uku da hantsi ta ci ɗamara, ta shiga ɗakin matar Yahuza.

"Kuluwa, share hawayen nan, ɗauki turminki ki biyo ni."

"Inna, turmi kuma? Ina za mu?"

"Bakin ramin. Ki zuba ko ƙaiƙayi ne ki yi ta daka, kada ki tsaya sai kin gan ni. Dakan nan naki mai ɗingishi da nake miki faɗa a kansa, yau ranarsa ta zo. In na ɓata a ƙasa shi zan bi."

Mai gari ya tare ta a bakin rijiya ya ce, "Haba Iya, maza fa sun kasa."

Ta ce, "Ai na gani. Ku ɗaura mini igiyar."

Ta yi bisimilla aka zura ta. Haske ya yi ta ƙanƙancewa a samanta har ya koma kamar ƙwayar gero, sannan ƙafarta ta taɓa ƙasa. Ta kwance igiya, ta sunkuya ta bi ɓarakar da dagi ya yi, sai ga ta a wani zaure mai ƙofofi bakwai, bangonsa yana ba da haske irin na asuba. A tsakiya wani tsohon aljani ne zaune kan buzu, ba shi da idanu ko alamarsu, kunnuwansa kuwa kamar faifai, sun sauko har kafaɗa.

Ya ce, "Tsaya nan, ya ke 'yar Adam. Kin taka ƙofar Birnin Amsa-Kuwwa, ni ne kuma Ma'ajinsa. Duk abin da baki ya taɓa furtawa a bayan ƙasa, daga kukan jariri zuwa kakarin mutuwa, nan yake gangarowa, mu adana shi a lungunsa. Me kika zo nema?"

Ta durƙusa ta ce, "Allah ya ja zamaninka, wani na zo nema, ya faɗo muku shekaranjiya."

"Wani wa? 'Yan Adam suna da sunaye."

Ta sunkuyar da kai. "Mai haƙar rijiya."

"Ɗanki ne?"

"Ɗan gidanmu ne."

Ma'aji ya girgiza kai, kunnuwansa suka yi fal-fal. Ya ce, "Lalle ke ce, na san muryarki. To ki sani ba mu kama shi ba. Na nuna masa hanyar fita, sai ya tambaye ni ko muryar uwarsa tana nan. Na ce tana nan, lungu guda cur. Ya ce a bar shi ya ji inda ta kira sunansa sau ɗaya, ko a ɓoye ne, ko cikin magagin barci. Na duba ban samu ba. Na gaya masa, ya ce ban duba da kyau ba. Yana ciki yana nema, ba ya kula kowace murya sai taki."

Maganar nan ta soki Hansai a ƙahon zuci.

Ma'aji ya miƙo mata wani ƙoƙo cike da ruwa, yana yoyo ta gindi, ɗis, ɗis. Ya ce, "Wanda ya cika kwana uku a birnin nan, jikinsa narkewa yake, murya kaɗai ta rage, mu sa ta a bango. Kwanakinsa za su cika da faɗuwar ranar yau. In ruwan ƙoƙon nan ya ƙare, rana ta faɗi. Ga kuma dokarmu: kada ki amsa wa muryar bango. Kika amsa sau ɗaya, birni zai ɗauke abu ɗaya daga tunaninki. Na biyu, ya ɗauki wanda ya fi shi tsada. Na uku, ya zura hannu can ƙasa ya ɗauko abin da kika fi ɓoyewa."

Hansai kuwa, abin da ta fi ɓoyewa a duniya suna ne guda ɗaya.

Ta shiga ƙofar da ya nuna mata. Lungu ya rabu biyu, biyun suka rabu huɗu, wani ya hau, wani ya gangara, wani ya zagayo da ita inda ta taso. Sai ta yi dabara, duk kwanar da ta karya ta yi ƙulli a haɓar zanenta, babba na dama, ƙarami na hagu. Ta ratsa lungun kasuwanni, inda dillalan da suka mutu tun zamanin kakanni suke ta rantsuwa. Ta ratsa lungun dariya, bango yana ƙyaƙyatawa har ƙasa na girgiza, ta riƙe ƙoƙo da hannu biyu. Ta faɗa lungun gulma, nan ma ta ji aminiyarta tana cewa miyarta ba gishiri. Ta yi ƙwafa ta wuce, ba yau ba ce ranar wannan.

Tana karya wata kwana sai ta ji kukan kaji irin na tsakar gidanta, da ƙarar ƙyauren zaurensu, sannan aka yi gyaran murya.

"Salamu alaikum."

Marigayi mijinta ne, Malam Ɗantsoho, yadda yake yi in ya dawo daga gona. To, wane ɗan Musulmi za a yi wa sallama ya yi shiru? Kafin ta ankara baki ya riga ta.

"Wa alaikumus salam, sannu da zuwa."

Wata iska mai sanyi ta ratsa kanta ta wuce. Ta dubi haɓar zanenta, ga ƙulle-ƙulle birjik, ta rasa wa ya yi su, don me kuma. Hanyar komawa ta tafi. Ta ce, "Innalillahi! Hansai, kin kashe kanki." Ruwan ƙoƙo kuwa ya kusa rabi.

Ta toshe kunne ɗaya da yatsa ta ci gaba da sassarfa. Lungu ya kawo ta bakin wani kogi da ba ruwa a cikinsa, kuka ne zalla ke gudu, kukan duk wata makoki da aka taɓa yi a duniya, yana tumbatsa yana dukan gaɓa. Gadar kuwa azara ce guda ɗaya, ga santsi. Ta tuɓe takalmi ta hau. Kuka ya taso yana jan ƙafafunta, ta ji nata ma a ciki, wanda ta yi ranar da aka fita da Malam. Ta kai tsakiya, ƙafa ta zame, ruwa ya fallatsa daga ƙoƙo.

"Hansai! Kul, za ki faɗa!"

Muryar mahaifiyarta ce, tun tana 'yar shekara shida tana leƙen rijiya.

"Na'am, Iya!"

Iskar nan ta sake ratsa ta. Ta rarrafa ta haye, ta zauna a gaɓa tana haki, ta nemi fuskar uwarta a zuciya. Ga kallabin, ga zanen saƙin, ga hannun mai kaushi, amma fuska wayam. Ta nema ta sake nema, babu. Nan ta yi kuka irin wanda ba ta yi ba tun tana amarya, kogi ya karɓa ya haɗa da nasa. Saura amsa ɗaya, ruwan ƙoƙo kuwa bai fi kurɓi uku ba.

Ta miƙe. Lungun da ke gabanta matsattse ne, sai da ta shiga a karkace. Tana shiga ta ji muryar da ta fi kowace sani, tata.

"Ku ce wa wancan ya zo ya ci abinci."

"Yaron nan bai dawo ba?"

"Ku miƙa wa wancan rigarsa."

"Ni ina ruwana da shi, ku tambayi kakarsa."

Daga dama, daga hagu, daga sama, shekara arba'in da ɗaya na "wancan", ba ko ɗaya da suna. Wallahi ko maƙiyinka ba ka so ya ji kansa haka. Ita dai ta san duk tsokar da ta fi girma a kwanonsa take ɓoye ta, ta san kwana bakwai da ta yi a tsaye bayan dangar kakarsa lokacin da ƙyanda ta kama shi. Amma duk a shiru ta yi su, birnin nan kuwa abin da aka faɗa kaɗai yake ajiyewa.

Sai muryoyin suka ɗauke ɗif. Daga can ƙarshen lungu wata 'yar murya ta taso, tana gudu tana kuka.

"Inna! Inna! Kunama!"

Ta san ranar. Yana ɗan shekara biyar, ana taron suna a gidansu, mata cike da tsakar gida, kunama ta harbe shi. Ya wuce kakarsa a guje ya nufo ta, hannu a miƙe. Idon mata duka a kanta. Ta juya masa baya ta ci gaba da tuƙa tuwo, har wata ta ɗauke shi, ana cewa kai, Hansai akwai kunya.

"Inna! Inna, ki duba!"

Shekara talatin da shida amsar nan tana maƙale a wuyanta, yau ga ta ta taso gaba ɗaya. In ta sake ta, sunan ya tafi, ta iske ɗanta ba ta san me za ta kira shi ba. Ta cusa haɓar zane a baki ta cije, har ta ji gishirin jini. Ta bi ta cikin muryar da rarrafe, ƙoƙo a hannu ɗaya, yaron yana kira a kunnenta, tana wucewa, karo na biyu ke nan ba ta amsa masa ba.

Lungu ya ƙare a wani ɗan fili. Ga Yahuza nan a durƙushe, ya manna kunne a bango, yana matsawa kaɗan-kaɗan. Jikinsa ya yi shara-shara kamar tsohon mayafi, har tana hango bangon ta cikin bayansa.

Ta ce, "Kai!"

Bai motsa ba.

"Wancan, tashi mu tafi gida."

Bai waiwayo ba ya ce, "Na ji wannan. Na ji shi ya fi sau ɗari." Muryarsa ma kamar daga cikin tulu take fitowa.

"Ni ce fa, da raina da lafiyata! Dube ni mana!"

"Duk haka kuke, kamar masu rai. Ku bar ni, saura bango ɗaya ban saurara ba."

Ta kai hannu ta kama kafaɗarsa, hannun ya wuce kamar ta kama hayaƙi. Ta dubi ƙoƙo, ɗan danshi ne kawai ya taru a gindi. Ta san abin da ya rage, abin da bangon nan ba shi da shi, wanda in ya ji zai san mai rai ce ta faɗa. Kai, al'ada ba wasa ba ce! Tsohuwar nan, a ƙarƙashin ƙasa gaba goma sha huɗu, ɗanta yana narkewa a gabanta, sai da ta waiga dama ta waiga hagu, ko wani na kallo.

Sai muryar Ma'aji ta fito daga bango. "Ya ke 'yar Adam, amana ce in gaya miki. Abin da aka faɗa a tsakiyar birnin nan ba ya ɓuya. Lunguna za su kama shi su miƙa wa juna har ya fita ta bakin rijiya. Mai garinku zai ji, surukarki za ta ji, matan da ke yabonki za su ji, kuma ba zai daina ba har abada."

Ɗis. Ɗigo ɗaya ya faɗi, saura ɗaya yana lilo.

Ta buɗe baki. Harshe ya yi nauyi kamar taɓarya, don bai taɓa bin hanyar nan ba. Na farko iska ce kawai ta fito. Ta dafe ƙirji, ta rufe ido, ta tattaro duk ƙarfin da kwana uku na yunwa suka bar mata.

"Yahuza!"

Birni ya yi tsit, kasuwanni suka yi shiru, kogin kuka ya tsaya cak. Sannan lunguna suka kama sunan, wannan ya miƙa wa wancan, yana tafiya yana ƙaruwa.

Yahuza ya ɗago kunne daga bango. Ya juyo a hankali, ya ga tsohuwa ba takalmi, kallabi ya zame, baki da jini.

Ya ce, "Na'am, Inna." Sai ya sake cewa, kamar mai gwada ƙasa da ƙafa, "Inna?"

Ta ce, "Na'am, Yahuza. Na'am. Ina kunamar ta harbe ka?"

Ta kama hannunsa, wannan karon ta ji nama da ƙashi da kantar dagi. Ƙato ɗan shekara arba'in da ɗaya ya fashe da kuka, ita kuwa ta ce, "Ajiye kukan nan sai mun fita, tashi!"

To, fita ta ina? Ƙulle-ƙullen zane ba su da amfani. Suka kasa kunne, sai ga daka ta ko'ina, turmi dubu, na matan da suka shuɗe, kowanne tsaf, bugu na bin bugu ba kuskure. Ƙasa ta fara jiƙewa a ƙarƙashin ƙafafunsu. Yahuza ya taɓa ya ce, "Inna, idon ruwa ne ke buɗewa, in ya ɓalle ba mu tsira." Hansai ta ce ya yi mata shiru. Ta saurara, ta saurara, can ta tsinkayo wani daka daga nesa, bugu biyu, sai a yi jinkiri, sai ɗaya, sai taɓarya ta goge bakin turmi.

Ta ce, "Ga shi can! Duk duniya ba mai wannan ɗanyen aikin sai matarka."

Ya goya ta ya zura da gudu, tana nuna masa hanya da jan kunne. Ruwa ya kai idon sawu, ya kai gwiwa. Suka haye azara kogi na lasar ta, suka ratsa kasuwa, suka faɗo zauren Ma'aji ruwa a ƙugu. Yana zaune bisa buzunsa a kan ruwan, ko jiƙewa bai yi ba.

Ya ce, "Ku haura, ya ku 'yan Adam. Kun kawo mana abin da muka rasa a ma'ajiyarmu, ga tukuicinku nan yana binku. Daga yau ruwa ya rufe ƙofar nan, ba mai sake shigowa."

Yahuza ya ɗaura wa uwarsa igiya ya girgiza, aka ja. Aka sake zurowa aka jawo shi, ruwa na bin dugadugansa. Suna fitowa rana na taɓa kan bishiyoyi. Kuluwa tana nan tana daka, tafin hannunta duk ya fashe.

Gari kaf yana bakin rijiya, kowa kuwa ya ji. Mata sun riƙe haɓa. Wata tsohuwa, sa'ar Hansai, ta matso ta ce, "Hansai, ke ce kuwa na ji? Da bakinki?"

Hansai ta gyara kallabi ta ce, "Ni ce. Da wa zai kira mini shi, ke?" Sannan ta juya ta ce, "Kuluwa, ajiye taɓaryar nan haka, Allah ya yi miki albarka. Ki kai wa wancan ruwan wanka."

Ka ji ta fa, ta koma gidan jiya. Har ta bar duniya, bayan shekara tara, ba ta sake kama sunan nan a gaban mutane ba. Fuskar mahaifiyarta ma ba ta dawo mata ba, wani lokaci sai a gan ta zaune ta rufe ido tana nema.

Rijiyar tana nan, ni ma na sha ruwanta, garɗi gare shi, ba ta taɓa ƙafewa ko a tsakiyar bazara. Duk wanda ya zura guga, da ya taɓa ruwa sai murya ta taso daga ƙasa, sau ɗaya, ta kira sunan. Baƙi su yar da igiya su ruga, mu 'yan gari mun saba. Yahuza ya tsufa yanzu, yana da 'ya'ya da jikokin da za su cika masa randa goma, amma ba ya yarda. Kullum da sassafe sai ya dogara sanda ya je ya zura gugansa da kansa, ya sunkuya ya jira. In an kira, sai ya ce, "Na'am, Inna," ya jawo ruwansa ya koma gida.